Tsarin Kaya a Zangon Fataken Gwanja

Gabatarwa

Kalmar zango tana cikin kalmomin da suka yi nisa da gidansu na asali. Ɗalibi na yau ya san ta a wajen karatu, inda ake raba shekara zango-zango. Mutumin Kumasi kuwa ya san ta a matsayin unguwar baƙi Musulmi. Amma asalinta wuri ne da matafiya suke sauke kaya su kwana, har ila yau kuma ita ce tazarar da ke tsakanin wannan makwanci da na gaba. Hausa ta bambanta zango da sansani, wanda yake na mayaƙa ne, ta kuma bambanta shi da loko, inda ɗan dako yakan jingine kayansa ya ɗan numfasa ba tare da ya kwance igiya ba.

Masana tarihi ba su bar fataucin goro a baya ba. Mahdi Adamu a littafinsa na 1978 kan bazuwar Hausawa a Afirka ta Yamma, da Paul Lovejoy a nasa na 1980 kan ayarin goro, waɗanda duka aka buga a Zariya, sun bi hanyoyin fatake, sun yi bayanin kuɗin da ake biyan sarakunan hanya, an kuma fayyace dangogin da suka riƙe wannan sana'a, watau Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari. Abin da wannan maƙala ta sa gaba bai kai nasu faɗi ba. Za ta duba sa'o'in nan ne kawai da ke tsakanin sauke kaya da rana da sake labta su da asuba: ina ake ajiye wane abu, wa yake ajiyewa, kuma don me. Mai karatu yana iya ganin wannan ƙaramin al'amari ne, irin na barori. To, amma dukiyar falke ta fi daɗewa a ƙasa bisa ga bayan jaki. In ayari ya yi tafiyar sa'a biyar ko shida a yini, sauran sa'o'i goma sha takwas kayan suna zube a zango, ga rana, ga raɓa, ga gara, ga ɓarawo. Yawancin abin da falke zai ci ko ya rasa in ya isa Kano, a nan ake yanke shi.

Hanya da ayari

Sunan Gwanja ya daɗe a bakin Hausawa. Tarihin sarakunan Kano ya ambaci buɗe hanya daga Barno zuwa Gwanja tun zamanin Sarki Abdullahi Burja, cikin ƙarni na 15. Sai dai goro ba ya fita a Gwanja kanta. Itacensa na kurmin Asante ne, can kudu, kuma a mafi yawan ƙarni na 19 sarakunan Kumasi ba su yarda fataken arewa su shiga kurmin su saya da kansu ba. Sai kasuwa ta tsaya a Salaga, mutanen Asante su kawo goro a ka, Hausawa su tarye su da kanwa da tufafin rini da kayan dukanci da gabu da dabbobi, har da bayi. Shaharar wannan kasuwa ta kai har Yarbawa suna kiran irin goron nan mai ɓari biyu da sunan Gwanja.

Daga Kano zuwa Salaga tafiya ce ta fiye da kilomita 1,000. Ayari yakan bi ta Zamfara ko Sakkwato zuwa Jega, ya ƙetare Kwara a Ilo ko a Yawuri, ya ratsa ƙasar Bargu zuwa Zugu, wadda taswira ke kira Djougou, daga nan ya faɗa Yandi, sa'an nan Salaga. Wasu kuwa sukan bi ta arewa, su ƙetare a Sayi, su ratsa Gurma, su gangaro ta Sansanin Mango. Zuwa kaɗai yakan ci wata biyu ko uku, zuwa da komowa kuwa daga wata shida har shekara. Duk wanda ya auna wannan nisa da takun jaki mai kaya zai ga cewa sauka da tashi ba za su kasa hamsin ba a zuwa, haka kuma a komowa. Kuskuren da aka yi sau ɗaya a wajen sauke kaya ana iya jure shi; wanda ya zama ɗabi'a kuwa, sai a ninka shi ɗari.

Ayarin kuma ba na mutum goma ba ne. A 1826 Baturen nan Clapperton ya tarar da ayarin Hausawa a Kayama ta ƙasar Bargu, suna komowa daga Gwanja, ya ce sun haura mutum dubu, maza da mata, dabbobinsu ma kamar haka, da takarkarai da alfadarai da jakuna, ban da masu ɗauka a ka. Shi kuwa Barth, wanda ya zauna a Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa kayan jaki ɗari biyar na goro ke shiga birnin a shekara, kowane kaya ana sayar da shi wajen wuri 200,000, amma fa in ya iso lafiya. Wannan sharaɗi da Barth ya gindaya shi ne tushen duk abin da ake yi a zango.

Madugu shi ne uban tafiya, shi ke da maganar ƙarshe a kan ranar tashi da hanyar da za a bi da abin da za a ba sarakuna. Jagaba yana gaba, shi ya san hanya da mashaya. Uban dawaki shi ke tattara kuɗin garama da na fito daga hannun fatake. Akwai malamin ayari, mai rubutu da lissafi da addu'a da duba ranar tashi, akwai kuma makaɗi. Ƙarƙashin waɗannan sai attajirai, kowa da jama'arsa: 'ya'yansa da barorinsa da bayinsa da mace ko ƙwarƙwara mai dafa abinci. Ayari a kan hanya abu ɗaya ne, amma da zarar an ya da zango sai ya rabu gida-gida, kowane maigida da murhunsa da turakansa da layin kayansa.

Sauka

Ba a cika neman sabon zango ba. Hanyar Gwanja tsohuwa ce, makwantanta sanannu ne, kuma abin da ya sa aka zaɓe su tun farko bai wuce ruwa da ciyawa da itacen wuta ba, sai kusanci da gari inda za a sayi hatsi. A bayan gari ake sauka, ba a ciki ba, domin babu sarkin da ke son baƙi dubu masu kwari da baka su kwana cikin ganuwarsa, su ma fatake ba su son a rufe ƙofa da kayansu a ciki. Sau da yawa akan tarar da bukkokin ciyawa da ayarin baya ya bari, sai a gyara a shiga. Ana so a sauka tun rana tana sama, wajen azahar ko kafin haka, don dabbobi su sami kiwo, mutane kuma su sami hasken yin aikin da ke gabansu.

Kafin a gane yadda ake sauke kaya, sai an san yadda ake ɗaura su. Jaki ba ya ɗaukar kaya ɗaya. Biyu yake ɗauka, ɗaya a kowane ɓangare, kuma tilas nauyinsu ya zo daidai. In ɗaya ya rinjayi ɗaya, kaya ya karkace, ya riƙa gurzar bayan dabba har ya yi miki. Wannan ya sa kayan aikin kansu aka yi su bibbiyu. Mangala jaka ce mai aljihu biyu da ake ratayawa ta sauka hagu da dama. Waga kuwa ta fata ce mai tauri, ita ma biyu ake haɗawa, kuma da ita aka fi ɗaukar goro, don ba ta lotsawa ta matse abin da ke ciki. Taiki na hatsi ne ko kanwa. Ƙarƙashin duka akwai akumari, matashin da ke tsakanin kaya da bayan jaki.

Saboda haka doka ta farko a zango ita ce kada a raba abokan ɗauka. An sha wahala a Kano ko a Salaga kafin a daidaita nauyin ɓari biyun nan, ba wanda ke son ya sake wannan aiki a cikin duhun asuba. Akan sauke su tare, mutum biyu, ɗaya a kowane gefe, a ajiye su kafaɗa da kafaɗa, a naɗe igiyar da ta ɗaure su a ɗora a kansu. Akumari kuma a kife shi cikinsa ya dubi sama don gumi ya bushe, amma kusa da kayansa, domin akumari yakan ɗauki siffar bayan jakin da ya saba da shi. A ɗora wa wani jaki akumarin ɗan'uwansa, kwana biyu ya isa a ga gashi ya fara tsigewa. Jakin da bayansa ya ɓaci kuwa ya zama baki mai ci ba ya ɗauka, kayansa sai a raba wa sauran, su ma a jawo musu irin ciwonsa. A ƙasar kudu, inda tsando ke sa wa dabbobi sammore, jakuna suna mutuwa ko ba miki, balle an ƙara musu da shi.

Kayan falke kashi uku ne, ko da yake ba lalle shi kansa ya lissafa su haka ba. Akwai kayan kasuwa, waɗanda aka ɗinke ko aka ɗaure tun gida, ba a kwance su sai an isa inda za a sayar. Akwai kayan hanya, watau ɗan abin da aka ware don sayen abinci da gaisuwar sarakuna, kamar kanwa 'yar kaɗan da tsakiya da allura da rawani ko riga ta kyauta. Waɗannan akan sa su a wuri guda mai sauƙin buɗewa, don hikimar ita ce kada a kwance babban ɗauri a gaban ɗan sarki ana neman abin da za a ba shi. Idon da ya ga turmi ashirin ba zai gamsu da ɗaya ba. Sa'an nan akwai kayan kwana: tukunya da ƙwarya da tabarma da buzu da gatari da lauje da salka da buta. Su ake ɗorawa a ƙarshe bisa sauran kaya, don haka su ake fara saukewa, kafin a gama kwance jakuna mata sun kafa murhu, yara sun nufi rafi da salkuna, wasu sun shiga daji yankan ciyawa.

Ba a zube kaya a tsurar ƙasa. Akan jera duwatsu ko guntayen itace a ɗora su a kai, saboda gara tana iya huda fata ko tufa a dare ɗaya, damshin ƙasa kuma yana cin kanwa. Kanwar ita kanta ba a haɗa ta da tufafi, don in ta jiƙe ta tsatso sai ta ɓata rini, kuma baƙin rini mai ƙyalli irin na Kura, wanda aka sha bugu a kansa, da ƙyallinsa ake sayensa. Irin wannan akan naɗe shi cikin ƙirgi. Mai albarushi kuwa ba sai an gaya masa ya nisanci murhu ba.

Akwai wata fa'ida ta jera kaya a layi wadda ba ta shafi gara ko raɓa ba. Sarakunan hanya bisa yawan kaya suke karɓar garama, na jaki da kuɗinsa, na kai da nasa. Madugu shi ke zuwa fada ya yi ciniki a madadin ayari duka, in an daidaita sai uban dawaki ya bi gida-gida ya karɓi rabon kowa gwargwadon kayansa. Wannan ba ya yiwuwa sai kayan kowane attajiri suna fili, a ware, ana iya ƙirga su da sanda. Wanda ya cusa kayansa cikin na wani, ko ya ɓoye ɓari a bukka, 'yan'uwansa ya cuta, su za su biya masa. Layin kaya a zango, ashe, shi ne littafin lissafin ayari, malam yana rubuta abin da ido ya riga ya gani ne kawai.

Ƙananan kayan aiki su suka fi saurin ɓata, su ne kuma rashinsu ke tsayar da tafiya. Basilla da zaren fata da wuƙa da ƙyastu da guntayen igiya, waɗannan ba a ajiye su a ƙasa ko a cusa su cikin babban kaya. Suna cikin zabira ko burgami, a rataye a wuyan mai su ko a jikin sanda mai gwafa da aka kafa a bakin bukka. Aikin la'asar a zango ɗinki ne da tufka: wagar da ta ɓarke a ɗinke ta, igiyar da ta sassaƙe a canja, salkar da ke yoyo a toshe, a kuma duba kofato da bayan kowace dabba. Karin maganar nan da ke cewa ba a fafe gora ranar tafiya, a wurin mazaunin gari nasiha ce, amma a wurin falke bayanin aikinsa ne na kullum.

Goro

Duk abin da aka faɗa a sama ya shafi zuwa da komowa. Amma a komowa akwai wani nauyi na daban, domin kayan da aka ɗauko abu ne mai rai. Kanwa tana iya shekara a taiki ba ta san an yi ba. Goro kuwa in ya sha iska ya bushe ya yanƙwane, in ya sha ruwa da yawa ya yi fumfuna ya ruɓe, in ya sha zafi ya canja launi, in an matse shi ya tsage ya yi baƙi. Ga kuma sankara, ƙwaron da ke cinsa daga ciki, wadda in ta kama ɗaya sai ta bi maƙwabtansa. Ba banza ba ne Hausawa suka ari sunan wannan cuta ta goro suka laƙaba wa ciwon daji. Sun ga yadda take aiki a ɓoye tun ba a san asibiti ba.

Maganin duk wannan shi ne ganyen fita, ganye mai faɗi mai riƙe sanyi, wanda ake shimfiɗawa a cikin waga ko kwando a lulluɓe goron da shi ta kowane gefe. Abin da aka ƙunshe haka shi ne huhu. Sai dai ganye ba ya dawwama. Bayan 'yan kwanaki tilas a kwance huhu, a baje goron a inuwa bisa tabarma, a bi shi ɗaya-ɗaya da hannu, a fitar da wanda ya nuna alamar ɓaci, a yayyafa ruwa, a canja ganyen da ya bushe, a sake ƙunshewa. Wanda aka fitar ba a zubar da shi. Shi ake ci, shi ake kyauta da shi, shi ake musanyawa da hatsi a wurin matan gari. Saboda haka ayarin goro yana sayar da kayansa kaɗan-kaɗan tun daga Yandi, kuma yawan abin da zai rage ya isa Kano ya danganta da yawan kulawar da ya samu a zango.

Wannan aiki ya sauya fasalin zangon komowa. Inuwa ta zama dukiya. Gindin babban itace, inda a zuwa mutane ke shimfiɗa buzu, a komowa wagogi ake ba shi, mutum ya zauna a rana in ta kama. Ba a ajiye goro kusa da wuta, ba a kuma ɗora masa wani kaya a bisa. Ruwan da aka ɗebo sai an raba shi uku, na mutane da na dabbobi da na goro. Ganyen fita kuma ɗan kurmi ne, ba ya samuwa in an hauro arewa, don haka shi ma guzurinsa ake yi, a adana shi kamar yadda ake adana abin da zai rufe. Ga shi kuwa yawancin tafiyar cikin rani ake yinta, sa'ad da hunturu ke busar da leɓen mutum balle goro.

A wajen wannan zaɓe ne harshen fatake ya fi nuna gwanintarsa. Goro ɗari shi ne ƙwarya. Manya su ne goriya, masu bi musu marsa, sai saranwaga, sa'an nan minu, ƙananan ƙarshe. Barth ya ji waɗannan sunaye huɗu tun a tsakiyar ƙarni na 19 ya rubuta su. Abin lura shi ne sunan na uku, wanda ya ɗauko kalmar waga a cikinsa, watau ma'ajin ya shiga cikin sunan abin da aka ajiye. Kowane iri da huhunsa, domin in aka gauraya su manya sukan danne ƙanana, kuma a kasuwa ba za a san kuɗin da za a sa wa kayan ba sai an sake zaɓe. Falken da ya san aikinsa yana iya nuna waga daga nesa ya faɗi irin da ke ciki da ƙwarya nawa ne da ranar da aka buɗe ta ta ƙarshe.

Dare da asuba

In rana ta faɗi sai tsarin ya juya ya zama na tsaro. Ƙasar Bargu ta yi suna wajen tare ayari, Turawan da suka bi ta can a farkon ƙarni na 19 sun ji wannan labari tun kafin su shiga, haka kuma dajin Gurma. Inda ake jin tsoro akan saro ƙaya a kewaye zango, a shigo da dabbobi ciki, a sa musu dabaibayi ko a ɗaure su a turaku, kowane garke a gaban kayansa. Wannan na ƙarshe ba ado ba ne. Ana so in an tashi cikin duhu hannu ya sami jaki da akumarinsa da kayansa a taku uku. Maigida yakan kwanta jikin kayan da ya fi daraja, sau da yawa ya yi matashi da shi. Kwari da baka da takobi da mashi suna wajen kai, ba a cikin ɗauri ba. Ana barin wuta tana ci saboda kura da zaki, ana kuma barin masu gadi.

Wuri, watau kuɗin wancan zamani, shi ma matsala ne a wajen ajiya. Wuri 20,000 ke cika keso ɗaya, ke nan kuɗin kayan goro guda a Kano, bisa ƙiyasin Barth, keso goma ne, abin da ya fi ƙarfin jakin da ya kawo goron. Wannan yana cikin dalilan da suka sa falke ya fi son ya juya dukiyarsa ta zama haja maimakon ya yi ta jan kuɗi a hanya.

Tun kafin alfijir makaɗi ke ta da mutane. A nan ne ake girbin abin da aka shuka jiya da rana. A ƙaddara attajiri yana da jaki ashirin da yara huɗu. Labtu aikin mutum biyu ne, don sai an ɗaga ɓari biyun tare, ke nan kowane yara biyu suna da jaki goma. In kome yana wurinsa, aiki ne na ƙasa da sa'a guda. In kuwa igiya ɗaya ta ɓata, ko aka rasa abokin wani ɓari, ko jaki ya kwance ya shiga garken wani, sai jakin da aka riga aka labta wa ya yi ta tsayuwa da kaya yana gajiya a banza, ko ya kwanta ya yi birgima da su. Ayari kuma ba ya jiran mutum ɗaya. Hanya siririya ce, bi da bi ake shigarta, jagaba yana iya yin nisa ƙwarai na ƙarshe bai bar zango ba. Mafasa kuwa ba su cika tunkarar tsakiyar ayari ba; wutsiya suke jira, wanda ya makara ko wanda kayansa ya zube ya tsaya gyara. Sakacin da aka yi da basilla da la'asar yana iya zama sanadin rai da hantsi.

Ranar ƙetare Kwara ita ce jarrabawa mafi tsanani. A bakin ruwa tilas a sauke kome, a sa kaya a jiragen masu fito, dabbobi su bi ruwa ana riƙe da su, a biya fito bisa ƙidaya, a kuma sake haɗa kowane ɓari da abokinsa a wancan ƙetare. Babban ayari yakan kwana a wannan aiki, rabinsa a gaɓar nan rabi a waccan.

Bai kamata a ƙawata wannan tsari fiye da kima ba. Hannuwan da suke ɗagawa da saukewa da yankan ciyawa da ɗebo ruwa, da yawansu na bayi ne, waɗanda ba su da ko goriya ɗaya a cikin abin da suke tsaro, wasunsu ma a zuwa su kansu haja ne, Salaga za a kai su a sayar. Matan da ke ɗauke da kaya a ka yini guda su ne kuma ke daka da girki in an sauka, maza suna hutawa. Tsabta ma ba ta cikin abin da aka kula da shi. Binger, Bafaranshen da ya sauka Salaga a 1888, ya koka ƙwarai da ƙazantar garin, kuma babu dalilin musa masa. Inda mutum dubu da dabba dubu suka kwana, wasu dubu suka biyo bayansu mako mai zuwa, ba sai an tambayi yadda ƙasar wurin take ba. Falke ya tsara abin da zai tafi da shi ne, abin da zai bari a baya kuwa bai dame shi ba.

Mutuwar hanya

A 1874 Ingilishi suka ci Kumasi, Gwanja ta ɓalle daga Asante, Asante kuma ta karkatar da goro zuwa wasu kasuwanni irin su Kintampo. A 1892 yaƙin basasa ya watsa Salaga, baƙinta suka bazu. Cikinsu har da Alhaji Umaru, wanda aka haifa a Kano a 1858, ya bi wannan hanya tun yana saurayi, daga baya ya zauna a Karaki har rasuwarsa a 1934, ya kuma bar rubuce-rubuce na ajami a kan rayuwar Hausawa da sana'o'insu. Daga nan sai iyakokin Ingilishi da Faransa da Jamus suka yanka hanyar gunduwa-gunduwa. Fatake masu wayo suka gano cewa goro yana iya hawa jirgin ruwa daga gaɓar teku zuwa Ikko; Alhassan Ɗantata, wanda ya fito daga gidan madugai na Agalawa, yana cikin waɗanda suka bi wannan sabuwar hanya. Da dogo ya iso Kano a 1911, tafiyar wata uku ta koma ta 'yan kwanaki. Ba a daɗe ba kuma manoman ƙasar Yarbawa suka dasa irin goron Gwanja a gonakinsu, har Shagamu da Agege suka zama wuraren da ake zuwa saro.

Abin da ya shafi jaki ya tafi tare da jaki. Akumari da mangala sun saura a ƙauye wajen kai taki gona, waga kuwa da wuya a sami matashin da ya taɓa ganinta, ko da yana jin sunanta a bakin mai goro. Madugu da jagaba sun koma laƙabin shugabannin siyasa. Abin da ya shafi goro shi bai tafi ba, domin goro bai sake hali ba: a kasuwannin goro na Kano da Sakkwato ana kwance huhu a inuwa, a zaɓe, a yayyafa ruwa, a mayar da ganye, sai dai mota ce ta kawo shi. Su kuwa zangunan, waɗanda suka fi albarka a cikinsu bukkokinsu sun zama soraye. Zangon Katab da Zangon Daura garuruwa ne, a ƙasar Ghana kuma kusan kowane babban gari yana da unguwar da ake kira zango, inda jikokin fatake da na sauran baƙin arewa suke zaune, Hausa ce harshen kasuwarsu.